Kwalba Ɗaya, Kurɓi Ashirin da Uku

Har yau in na tuna Hajiyar hawa na sha biyu sai raina ya ɓaci. An sha ce min in yafe, na kuma ce to da baki, amma zuciyata ba ta bi bakin ba. Gara in faɗi abin da kaina tun daga tushe, don na gaji da jin labarina a bakin mutanen da ko wurin ba sa nan.

Karatun maigidana ne ya kawo mu Kuala Lumpur, gwamnatin jiharmu ta turo shi digiri na uku. Muka kama gida a wani dogon bene a Danau Kota, inda 'yan Arewa suka yi yawa har sai ka ji uwa na yi wa ɗanta faɗa da Hausa a cikin lif, shi yana mayar mata da Turanci. Shekarar farko ba abin da na yi sai girki, girkin kuwa gado ne. Mahaifiyata a Kano ita ake ɗaukowa in za a yi biki ko suna a unguwarmu, ba don ta fi kowa iya miya ba, sai don ba ta taɓa dafa abin da ya gaza ko ya kwana ba. Za ta dubi tabarmin da aka shimfiɗa, ta dubi takalman da ke zaure, ta ce mudu kaza, kaji kaza, kuma haka zai kasance. Ido ba mudu ba ne amma ya san ƙima, kullum abin da take faɗa ke nan, ni ma a kansa na tashi.

Kafin shekara ta zagayo, duk Asabar ɗalibai na layi a ƙofata suna karɓar masa da tuwo da dambun nama, a ƙulle musu su tafi da shi, abin da a nan ake ce wa tapau. Matan benen kuma in taro ya taso ni suke bugo wa waya. Mutum hamsin, shinkafa nawa? Kaza goma mutum nawa za ta isa? Ban taɓa cewa bari in duba ba. Ina alfahari da wannan, ban ɓoye ba a lokacin, ba kuma zan ɓoye yanzu ba.

A nan ne muka fara samun tsama da Hajiya. Matar wani babban malamin jami'a ce, ta fi shekara goma a ƙasar, tana jin yaren Malay, ita ke raka sababbin zuwa asibiti da kasuwa, don haka ta ɗauka duk macen da ta sauka a benen nan 'yarta ce, matuƙar za ta durƙusa. A taron shirya abincin wata Sallah ta ce a sayi shinkafa kilo talatin. Na ce sha takwas ta isa, a gaban kowa. Aka dafa sha takwas, kowa ya ƙoshi, aka kankare tukunya tas. Ranar ta yi dariya ta ce Allah ya yi albarka, amma daga nan ta daina kirana 'yata, ta koma ce min 'yar nan.

Ni wannan ko a jikina, don ina da wadda nake ji da ita. Maƙwabciyata ce ƙofa da ƙofa, 'yar Gusau, ta girme ni da kunya amma na girme ta da shekara uku, tana ce min Yaya. Shekara shida da aure kafin Allah ya ba ta ciki, cikin kuma ya zo mata da laulayi mai tsanani. Komai ta ci sai ya dawo, in ban da abin da ya fito daga tukunyata. Wata biyar ina dama mata kunu ina yi mata faten tsaki, tana zaune a kujerar kicin ɗina tana ci tana gumi. Wata rana ta kama hannuna ta ce ko mutum ɗari biyu za su zo sunan nan, ba wanda zai ɗora tukunya sai ni. Na ce ai ko ba ta faɗa ba. Tun cikinta na wata shida na gama tsara abin da zan dafa.

A shekara ta biyu na shiga digiri na biyu a fannin kula da otal da abinci. A ajin ma in aka zo ƙiyasin abinci ba mai kamo ni. Sai ranar da malaminmu, wani dattijo Ba'indiye ɗan ƙasar, ya shigo da darasin abin sha. Ya fara da cewa Musulmin cikinmu ba sai sun taɓa ko sun ɗanɗana komai ba, amma wanda zai riƙe otal dole ya san abin da ke fita daga sito. Ya haska hoton wata doguwar kwalba a allo, giyar nan fara kamar ruwa da ake kira vodka, mu kuma bakinmu ya fi sauƙin cewa bodka. Ya ce mililita ɗari bakwai ce, baƙi nawa za ta isa?

Hannuna ya riga na kowa tashi. Na auna ta a raina da kofin zoɓo, na ce mutum uku, in an yi rowa huɗu.

Ajin ya kwashe da dariya. Wata 'yar Sin da ke gefena har da share hawaye, kuma abin da ya fi ƙona min rai, har 'yan matan Malay masu hijabi irina suna dariya. Malamin ya ce in na raba wa mutum uku kwalbar nan, to in kira musu motar asibiti tun kafin su fara. Sannan ya bayyana cewa ba a shanta kamar abin kashe ƙishirwa, ɗan kurɓi ake zubawa, mililita talatin, wasu wuraren arba'in da biyar. A takarda kwalbar na ba da ashirin da uku da ɗan saura, amma hannun da bai ƙware ba yakan zubar da ɗaya ko biyu. Ya ce a jarrabawar gwaji kowa zai zuba a gabansa, da ruwa.

Na dawo gida a jirgin ƙasa kunyar nan na cina har na sauka a tashar Taman Melati. 'Yar gidan ƙiyasi a yi mata dariya a kan ƙiyasi. Kuma ni ban yarda da lissafin takarda ba sai hannuna ya tabbatar.

A kowane hawa na benenmu akwai ɗakin shara inda ake ware kwalabe gefe guda, kuma ba Musulmi kaɗai ke zaune a benen ba. Ban sha wahala ba na sami irin kwalbar, babu komai a ciki. Na wanke ta da omo sau uku, na ɗauraye da tafasasshen ruwa, na shanya ta a baranda. Rubutun a jikin gilashin yake, ba takarda ba ce balle a ɓare. Gaskiya ko ɗar ban ji ba. Mu da muka tashi muna sayen soyayyar gyaɗa a kwalbar giya a bakin titi, da zuma, da man shanu, har malaman unguwa na saya su kai wa iyalinsu? A wurinmu kwalba kwalba ce in an wanke, kuma Bahaushiya ba ta yar da mazubi mai murfi.

Ranar Asabar da hantsi, bayan na gama suyar masa, na cika kwalbar da ruwan famfo. Na jera ƙananan kofunan robar da nake zuba wa masu tapau yaji, na ɗauko ɗan kofin awo na maganin tari mai layin talatin, na shiga aunawa ina juyewa. Zagayen farko na sami ashirin da ɗaya. Na biyu ashirin da biyu. A na huɗu na ajiye kofin awon na zuba da ido kawai, sai ga ashirin da uku cif, da ɗan abin da ya rage a gindin kwalba. Ina tsaye ina kallon jerin kofunan ina murmushi ni kaɗai, sai ga Hajiya a ƙofar kicin. Ta zo karɓar masarta, kuma ita sallamarta da shigowarta tare suke tafiya.

Ta dubi kofunan, ta dubi kwalbar, ta dube ni.

"Ikon Allah. Wannan kuma fa, 'yar nan?"

"Assignment ne, Hajiya. Ruwa ne a ciki."

Ta ɗaga kwalbar da yatsu biyu ta karanta rubutun a hankali, ta ajiye. Sai ta yi min tambayar da matan benen nan suka yi min sau ɗari, da irin muryar da suke yinta.

"To ita wannan mutum nawa take isa?"

Da ina da wayo da na ce oho, ni ma koya nake. Amma an taɓo ni inda nake ji da kaina, ga shi yanzun nan na ci nasara. Na gyara tsayuwa na ce ashirin da uku in hannu bai yi rawa ba, in kuma wurin masu cika hannu ne sha biyar da rabi, sannan a ware ɗaya ko biyu saboda zuba. Har da ƙara mata cewa ni yanzu ba ma sai da ma'auni ba. A wurinmu kuwa ba a tambayar mutum nawa abu zai isa sai in rabawa za a yi, kuma ba mai amsawa haka tiryan-tiryan sai wadda ta saba rabawa. Na san wannan sarai, bakina ne ya riga hankalina.

Hajiya ta ce masha Allah, ilimi kogi ne. Ta ce a bar masar, ta tuna tana azumi.

Zuwa Litinin labarin ya ce an ga kwalbar giya a kicin ɗina. Zuwa Laraba ta koma cikin firij, an sha rabi. Kafin Juma'a an gano dalilin da ya sa zoɓona ya fi na kowa daɗi, ɗalibai ke ta dawowa. Ita Hajiya ba ta taɓa cewa ina sha ba, ta fi ƙarfin wannan. Abin da take faɗa wa duk wadda ta je mata shi ne ita dai abin da idonta ya gani ke nan, ba ta zargi kowa ba, amma ruwa ba ya tsami banza. Haka ta shafa min kashin kaji hannunta fes. Asabar ɗin da ta biyo baya na soya masa kamar kullum, mutum huɗu suka zo, biyu daga ciki ba 'yan Arewa ba ne.

Maigidana ya dawo daga masallacin bene yana sunkuyar da kai, wai maza sun fara gaishe shi da irin gaisuwar da ake yi wa mai jinya. Mutumin kirki ne, amma in ya ga rigima sai ya nemi ƙofar baya. Ya ce in jefar da kwalbar, in hau sama in ba Hajiya haƙuri, faɗan da ya fi ƙarfinka ka mai da shi wasa. Na tambaye shi haƙurin me zan ba ta, na ruwan famfo ko na karatun da shi ya sa hannu na shiga? Ya ce ni dai ba na jin magana. Na ce da ina jin magana da yanzu ina ɗaki ina kuka, su kuma suna can suna ƙara wa labarin gishiri.

Abin da ya fi damuna ba masu tapau ba ne. Maƙwabciyata, da cikinta ya shiga wata tara, ta daina shigowa. In mun haɗu a ƙofa sai ta ce ƙafa ce ta kumbura, Yaya, sai ta yi saurin shigewa. Ban tambaye ta zancen suna ba don ina tsoron amsar.

Duk Lahadi bayan la'asar matan benen na taruwa karatu a wani ɗaki da ke ƙasa. Na jira aka shafa addu'a, sannan na zaro kwalbar daga jaka, cike da ruwan famfo, na dangwarar da ita a tsakiyar darduma, na jera kofunan. Mata suka ja da baya har da masu tattare hijabi. Na faɗi komai, tun daga ajin har dariyar da aka yi min. Na ce duk wadda ba ta taɓa cin gyaɗar kwalba a gida ba ta ɗaga hannu. Ba wadda ta ɗaga.

Hajiya ta bari na gama, sannan ta ce, a hankali kamar mai lallashi, "Gyaɗa ai ana ganinta gyaɗa ce, 'yar nan. Wannan kuwa wa ya san ruwa, wa ya san wancan? Kuma ni ban ce kin yi komai ba. Mai kaza a aljihu ne ba ya jimirin as."

Na ce to ga hanci, kowa Allah ya ba ta. Na zuba a kofi na miƙa wa ta kusa da ni, ta kau da kai. Na miƙa wa ta gaba, ta ce tana mura. Na bi su ɗaya bayan ɗaya har na zo kan maƙwabciyata. Na tsaya a gabanta da kofin nan, ita da ta sha kunu a hannuna wata biyar, na ce ta sansana kawai. Ta ɗago ta dubi Hajiya, sannan ta mai da idonta kan cikinta.

A nan zuciya ta ɗebe ni. Na ɗaga kofin na shanye. Na zuba wani na shanye. Na ci gaba ina zubawa ina sha ina ƙirgawa da ƙarfi, ruwan na zuba a hijabina, har na kai bakwai ko takwas. A tunanina in suka ga na tsaya daram sai su san ruwa ne.

Hajiya ta juya ga matan ta ce, "Kun gani ko? Ko fuska ba ta yamutsa ba."

Ba wadda ta yi dariya, da ma sun yi da ya fi min sauƙi. Na faɗa mata maganganu a ranar waɗanda ban taɓa faɗa wa sa'ar uwata ba. Na ce shekara goma ba ta koyi komai a ƙasar nan ba sai leƙen tukunyar mutane, na ce kilo sha takwas ne har yau ke ci mata rai. Gaskiya ce duka, kuma ban janye ko ɗaya ba, sai dai na san a ranar na ba ta abin da ba ta da shi a da, wato shaidu. Na tattara kofunana na fita, kwalbar kuma na bar musu a kan darduma su san yadda za su yi da ita.

Na ci jarrabawar gwajin, ashirin da uku ba ɗigo a tebur, malamin har ya sa aka tafa min. Kwana goma bayan nan maƙwabciyata ta haifi namiji. Mijinta ne ya zo ya sami maigidana, ba ni ba, ya ce kada a wahalar da ni, Hajiya ta yi magana da wani gidan abincin mamak, na Indiyawa Musulmi, su za su kawo komai. Ranar suna ban fita ba. An ce min shinkafar ba ta kai kan mata ba, kuma ba zan yi ƙarya in ce ban ji daɗi ba.

Duk da haka mai jego mai jego ce, kuma ba ta da uwa a ƙasar nan. Washegarin suna na dama kunun kanwa, na yi farfesun kaza da yaji sosai yadda ake yi wa mai jego, na ƙwanƙwasa mata. Ta karɓa da hannu biyu idonta ya ciko, ta ce Yaya, Allah ya bar zumunci. Da yamma ta dawo min da kulolin a wanke, ta ce rabonta da cin abu mai daɗi haka tun kafin ta haihu. Na koma kicin na yi kukan da ban yi ba duk tsawon rigimar. Na ce a raina sunan ya wuce, amma ita ban rasa ta ba. Kullum da safe na riƙa kai mata.

A rana ta biyar zan fita makaranta, mai gadin ƙofar bene, wani ɗan Nepal mai fara'a, ya taso da sauri ya tare ni. Da guntun Turancinsa da Malay ya yi min godiya. Ya ce maigidan maƙwabciyata kullum yana sauko masa da miyar kaza, ya ce masa ni ce mai dafawa. Kunun ne bai iya sha ba, yana zubarwa, amma kazar ba dama.

"Madam, boleh rage barkono kaɗan? Yaji very strong lah."

Na ce masa boleh, wato zai yiwu.

Ban ƙwanƙwasa mata ƙofa na yi faɗa ba, faɗan na riga na yi shi inda bai amfane ni ba. Washegari na yi farfesun ba barkono ko ƙwaya ɗaya, na kai mata. Da yamma ta kawo kula.

"Ya yi miki?" na ce.

"Sosai, Yaya. Yajin nan har gumi ya sa ni."

Na dube ta, ta dubi ƙasa, na karɓi kular na ce Allah ya raya. Ban daina ba. Na ci gaba da dafawa kullum har ta yi arba'in, da gangan, don ta riƙa zuwa ƙofata kowace yamma tana tsayawa a gabana tana faɗar abin da ni da ita muka san ƙarya ne. Ni kuma ba na taimaka mata da komai, sai in tsaya in jira ta gama. Ranar arba'in ɗin ta kawo kula ta buɗe baki za ta fara, na ce ta bar shi haka, gobe ba sai mijinta ya sauka ƙasa ba, ni zan riƙa kai wa mai gadin da kaina.